Jaridar da aka sayar a kan fam ɗaya: yadda Evening Standard ta Landan ta koma kyauta, da yadda ta ƙare

Daga 12 ga Oktoba 2009 zuwa 19 ga Satumba 2024, duk wanda ya tashi daga aiki da yamma a tsakiyar Landan yana iya miƙa hannu a ƙofar tashar jirgin ƙasa a ba shi jarida, ya wuce abinsa bai biya ko kwabo ba. Sunanta Evening Standard. Ranar da ta daina karɓar kuɗi shekarunta 182 a duniya, tana da wakilai a majalisa da kotuna, da masu sharhi kan kasuwanci da wasanni da ake jin maganarsu. Matsalarta ita ce masu saye sun yi ta raguwa har kuɗin shiga ya kasa ɗaukar nauyinta. Ga yadda abin ya faro, da magungunan da aka gwada, da inda aka kwana.

Asali da masu ita na farko, 1827 zuwa 1987

An kafa ta ranar 21 ga Mayu 1827 da sunan The Standard. Charles Baldwin ne ya sa kuɗi, Stanley Lees Giffard ya zama edita na farko. A 1857 James Johnstone ya saye ta ya mayar da ita jaridar safe, a 1859 kuma ya ƙara mata bugun yamma. Wannan bugun yamman ne ya rayu bayan ta safen ta mutu a 1916. Ta bi ta hannun Arthur Pearson da Edward Hulton, sannan a 1923 ta faɗa hannun Lord Beaverbrook mai jaridar Daily Express, ta zauna a gidansa fiye da shekara 50.

Tun da talabijin ya shiga gidaje jaridun yamma na Landan suka fara ƙarewa ɗaya bayan ɗaya. A 1960 The Star ta narke cikin Evening News. A 1980 ita ma Evening News aka haɗe ta da Standard, a 1985 kuma kamfanin Associated Newspapers na gidan Rothermere, masu Daily Mail, ya mallake ta dungurungum. Birni mai miliyoyin mutane ya rage da jaridar yamma guda ɗaya tal.

A Fabrairun 1987 attajiri Robert Maxwell ya zo neman rabonsa da sabuwar jarida, London Daily News. Masu Standard ba su tare shi da ita kanta ba. Sai suka tono tsohon sunan Evening News daga kabari, suka riƙa buga ta suna sayarwa da arha don a rikita masu saye a bakin tasha. Kafin ƙarshen Yuli jaridar Maxwell ta rufe, ba da daɗewa ba su ma suka sake binne tasu. Kamfanin ya riƙe wannan dabara, kuma za mu sake ganinta.

Kafin a ci gaba, yana da kyau a san inda kuɗin jaridar yamma ke fitowa da inda yake tafiya. Ƙofofin shigarsa biyu ne: abin da mai karatu ya biya, da abin da masu talla suka biya, musamman ƙananan tallace-tallace na neman ma'aikata, gidajen haya da na sayarwa, da motoci. Ƙofofin fita kuwa sun fi na jaridar safe yawa. Ita ta safe da dare ake buga ta, motoci su raba ta lokacin da tituna ke wayam. Ta yamma da rana tsaka ake buga ta, sau da yawa a yini ɗaya, motoci su kutsa da ita cikin cunkoso zuwa ga ɗaruruwan dillalai, kowane da ɗan teburinsa da allon babban labari a gabansa, yana kiran sunanta da ƙarfi. Rayuwarta duka 'yan sa'o'i ne. Kwafin da bai sayu ba kafin jirgin ƙarshe ya zama shara.

Kasuwa ta fara ja da baya, 1999 zuwa 2005

A 1995 aka fito da wata jarida mai suna Metro a Stockholm, babban birnin Suwidin, wadda ake ajiyewa kyauta a tashoshin jirgin ƙarƙashin ƙasa, talla kaɗai ke riƙe da ita. Ganin masu wannan dabara na iya shigowa Landan, sai Associated ya riga su: a Maris 1999 ya fito da tasa Metro, kyauta, da safe. Ta karɓu, daga baya ta yi riba. Amma ta koya wa matafiyan Landan wani sabon hali, wato jarida abu ce da ake ɗauka a akwati a wuce. Wanda ya karanta ta kyauta da safe ba lalle ne ya ciro kuɗi da yamma ba.

A daidai wannan lokaci intanet ya fara kwashe ƙananan tallace-tallace. Shafukan Rightmove na gidaje da Gumtree na saye da sayarwa duk a shekarar 2000 suka fara. Mai neman ɗakin haya ya daina jiran jaridar Laraba, ranar da shafukan gidaje ke fitowa. Ma'aikacin ofis kuma da kwamfuta a gabansa ya riga ya ga labarin rana kafin ya sauko titi.

Gwaji na farko ya zo a Disamba 2004: wani siririn bugu mai suna Standard Lite, ana raba shi kyauta a tsakiyar gari lokacin cin abincin rana. Fatan da aka yi shi ne matasa su ɗanɗana, da yamma su sayi cikakkiyar. Masu saye ba su ƙaru ba.

Yaƙin jaridun kyauta, 2006 zuwa 2008

A 2006 kamfanin News International na Rupert Murdoch ya bayyana zai fito da jaridar yamma ta kyauta, thelondonpaper. Associated ya koma ga dabarar 1987. Ya faɗaɗa Standard Lite ya sa mata suna London Lite, ya fito da ita ranar 30 ga Agusta, kwanaki kaɗan kafin ta Murdoch ta fito ranar 4 ga Satumba. A wannan tsakanin ne kuma aka ɗaga farashin Standard daga kwabo 40 na Ingila zuwa 50, wato rabin fam, da nufin a nuna ita ta manya ce, ba sa'ar na kyauta ba.

Abin da ya biyo baya duk mai tafiya a Landan a shekarun nan ya gani da idonsa. A ƙofar tasha guda za ka tarar da matasa biyu ko huɗu cikin rigunan kamfani, kowa na cusa maka tasa a hannu, dillalin Standard yana gefe yana jiran mai rabin fam. Ta Murdoch tana raba kwafi wajen 500,000 a rana, London Lite wajen 400,000. Kujerun jirgi da kwandunan shara suka cika da takarda, har ƙaramar hukumar Westminster ta matsa wa kamfanonin biyu lamba su sa hannu a kuɗin kwashewa.

Wannan karon dabarar ba ta kashe abokin gaba ba, domin aljihun Murdoch ba irin na Maxwell ba ne. Jaridun kyautan biyu suna ta asara, Standard kuma ta shiga halin gaba kura baya siyaki: ta gida tana cin kasuwarta, ta waje tana ci. An gwada kati mai suna Eros, wanda ake zuba wa kuɗi a riƙa sayen jarida da rangwame. An gwada karya farashi da dare a manyan tashoshi. Babu wanda ya tsayar da zubar. Zuwa 2009 abin da take fitarwa ya sauko wajen kwafi 250,000, kuma kaso mai tsoka daga ciki ba a cikakken farashi yake tafiya ba, ana ajiye shi ne a otal-otal da jiragen sama don a cika lissafi.

Akwai kuma maganar suna. A ƙarƙashin edita Veronica Wadley jaridar ta yi wa magajin gari Ken Livingstone dirar mikiya a zaɓen 2008, ta tsaya wa Boris Johnson, wanda ya ci. Mutane da yawa a cikin birnin, wanda ya cika da baƙi da matasa, suna ganin muryarta muryar mazauna bayan gari ce masu ra'ayin riƙau, kullum cikin ƙorafi.

Ciniki a kan fam ɗaya, Janairu 2009

Ranar 21 ga Janairu 2009, ana tsakiyar durƙushewar tattalin arzikin duniya, aka sanar cewa attajirin Rasha Alexander Lebedev ya sayi kashi 75.1 cikin 100 na jaridar a kan fam ɗaya. Uwar kamfanin Daily Mail ta riƙe kashi 24.9, da sharaɗin ba za ta ƙara zuba kuɗi ba. Fam ɗayan nan na cika ƙa'ida ne. Ainihin abin da mai saye ya ɗauka shi ne asarar da za ta riƙa zuwa kowace shekara.

Lebedev tsohon jami'in hukumar leƙen asiri ta KGB ne, wanda ya yi aiki a ofishin jakadancin Tarayyar Sobiyet a Landan a ƙarshen shekarun 1980. Da bakinsa ya faɗa cewa a lokacin yana karanta Standard a matsayin wani ɓangare na aikinsa. Bayan rushewar Sobiyet ya yi arziki a harkar banki, kuma a lokacin shi da tsohon shugaban Sobiyet Mikhail Gorbachev suna da hannun jari a Novaya Gazeta, jaridar Mosko mai sukar gwamnati. Ɗansa Evgeny, wanda ya tashi a Landan, shi aka ɗora a kan harkar, daga baya kuma mallakar ta koma sunansa. Aka ɗauko Geordie Greig daga mujallar Tatler ya zama edita.

Ban haƙuri, sannan kyauta: Mayu zuwa Nuwamba 2009

Matakin farko na sababbin masu ita ya ba mutane mamaki. A farkon Mayu aka manna manyan allunan talla a motocin bas da tashoshi, jaridar tana ba mutanen Landan haƙuri: kan ta yi nisa da su, kan ta cika ganin baƙin komai, kan ta ɗauke su ba a bakin komai ba. Tsohuwar editar ta fito ta soki abin, ta ce cin fuskar ma'aikata ne. Ranar 11 ga Mayu aka sake ƙaddamar da ita da sabon fasali da suna London Evening Standard, aka raba kwafin ranar kyauta. Washegari aka koma rabin fam. An yi surutu sosai, amma ciniki bai motsa yadda zai rufe giɓin ba. Asarar shekarar farko ta kai kusan fam miliyan 30.

Sai abubuwa uku suka faru a jere cikin wata biyu. Ranar 18 ga Satumba thelondonpaper ta fito na ƙarshe, bayan James Murdoch, ɗan Rupert Murdoch, ya ce ba ta kai inda aka yi fata ba. Ranar 12 ga Oktoba Standard ta soke farashi gaba ɗaya, ta ɗaga bugunta daga wajen 250,000 zuwa 600,000. Ranar 13 ga Nuwamba London Lite ta rufe, tunda wanda aka kafa ta dominsa ya tafi, kuma Associated na da kaso a Standard. Jeren kwanakin nan yana da muhimmanci: kafin shekara ta ƙare, filin da jaridu uku ke kokawa a kai ya zama na guda ɗaya.

Lissafin da manajan darakta Andrew Mullins da abokan aikinsa suka yi mai sauƙin fahimta ne. Kuɗin da mai saye ke biya ba duka ke isa kamfani ba. Dillali na da nasa, mai kanti na da nasa, ga wahalar tattara tsabar kuɗi da dawo da kwafin da bai sayu ba. In an bar wannan kuɗin, a madadinsa aka samu masu karatu ninki biyu ko uku, za a iya sayar da shafin talla da tsada. Tsarin gidan rediyo ke nan: mai sauraro ba ya biya, mai talla ke biyan kuɗin kunnensa. Don rage kashe kuɗi, daga Janairu 2010 aka soke bugun tsakar rana, jaridar ta koma fitowa daga wajen ƙarfe biyu. Aka janye daga ɗimbin ƙananan kantuna na bayan gari, aka tattara ƙarfi a ƙofofin tashoshi da manyan kantuna, inda mutum ɗaya zai raba ɗaruruwan kwafi cikin sa'a guda. Wasu tsofaffin masu saye a unguwannin nesa sun yi ta kukan sun daina ganinta.

Wani abu da ba a taɓa ba a lokacin shi ne ɗakin labarai. An rage mutane kaɗan, amma jaridar ta ci gaba da fitowa da nauyinta, da manyan marubutanta, da mujallar ES da shafukan gidaje na Laraba.

Shekarun da kwalliya ta biya kuɗin sabulu, 2010 zuwa 2016

Cikin shekara guda masu karatu suka ninka fiye da sau biyu. Kwafi ɗaya yakan bi hannu biyu ko uku: wani ya bar shi a kan kujera a tashar Oxford Circus, wani ya ɗauka ya kai shi ƙarshen layi. Manyan kantuna, bankuna, kamfanonin waya da masu gina gidaje suka dawo, domin babu wata hanya da za a kama ma'aikatan Landan masu albashi mai kyau, a zaune, babu abin yi, na tsawon rabin sa'a ko fiye. A lokacin waya ba ta samun sabis a jirgin ƙarƙashin ƙasa.

Asara ta yi ta sauka shekara bayan shekara. A shekarar kuɗi da ta ƙare Satumba 2012, shekarar da Landan ta karɓi wasannin Olamfik, jaridar ta fitar da riba, ƙarama ƙwarai, ƙasa da fam 100,000, amma riba ce. A shekarar ce Sarah Sands ta gaji Greig. A 2014 aka ɗaga bugu zuwa wajen 900,000. A 2016 ribar ta kai wajen fam miliyan 2.2. A waɗannan shekaru ta gudanar da gangamin tara kuɗi don talakawan birnin da na koya wa yara karatu, waɗanda suka dawo mata da farin jinin da allunan ban haƙuri ba su samo ba.

Iyalin Lebedev kuwa sun faɗaɗa. A Maris 2010 suka sayi jaridar The Independent, ita ma a kan fam ɗaya. A Maris 2014 suka buɗe tashar talabijin ta London Live, wadda ba ta samu 'yan kallo yadda aka zata ba, ta zama wata ƙofar fitar kuɗi. A 2016 The Independent ta daina fitowa a takarda ta koma intanet kacokan.

Asara ta dawo, sababbin hannaye sun shigo, 2017 zuwa 2019

A Maris 2017 aka sanar da George Osborne a matsayin edita. Shi ne ministan kuɗin Birtaniya daga 2010 zuwa 2016, kuma ranar da aka naɗa shi yana kan kujerarsa ta ɗan majalisa, yana kuma ba kamfanin zuba jari na BlackRock shawara. Bai taɓa riƙe ɗakin labarai ba. Ya bar majalisa a zaɓen shekarar, ya kuma yi amfani da shafin farko wajen caccakar Firaminista Theresa May, wadda ta sauke shi daga minista. Jaridar ta samu shiga bakin 'yan siyasa fiye da da.

Littafin kuɗi kuwa wani labari yake bayarwa. A shekarar da ta ƙare Satumba 2017 ribar ta juye ta zama asarar kusan fam miliyan 10, ta kuma ƙaru a shekaru biyu da suka biyo. Kuɗin talla yana ƙaura zuwa Google da Facebook, kasuwar gidaje ta yi sanyi bayan ƙuri'ar ficewa daga Tarayyar Turai, fam ya faɗi, takarda ta yi tsada. Jaridar da ake saye tana iya ƙara farashi ko ta nemi masu biyan kuɗin wata a intanet. Standard ba ta da ko ɗaya. Sai ta karkata ga shirya taruka da gangamin da kamfanoni ke ɗaukar nauyi. A 2018 shafin openDemocracy ya ruwaito cewa an yi wa wasu manyan kamfanoni tayin labarai masu daɗi a madadin kuɗi. Jaridar ta musanta, ta ce babu mai sayen labarinta.

A Disamba 2018 aka sayar da kashi 30 cikin 100 na kamfanin Lebedev Holdings, wanda ke riƙe da jaridar, a kan wajen fam miliyan 25, ta hannun wani kamfani mai rajista a tsibiran Cayman. An ɗauki watanni kafin a san mai sayen: ɗan kasuwar Saudiyya Sultan Mohamed Abuljadayel, wanda tun 2017 ya sayi irin wannan kaso a The Independent. A 2019 gwamnati ta nemi a bincika ko akwai hannun gwamnatin Saudiyya a cinikin, amma a watan Agusta kotun ɗaukaka ƙara kan gasar kasuwanci ta yanke cewa gwamnati ta makara, wa'adin shiga maganar ya wuce.

Korona ta kwashe matafiya, 2020 zuwa 2023

Ranar 23 ga Maris 2020 aka sa dokar kulle a Birtaniya. Tashoshin da jaridar ta gina rayuwarta a kansu suka zama kango cikin mako guda. Aka rage bugu zuwa wajen 500,000, aka koma kai ta ƙofar gidaje a unguwanni, aiki mai tsada da ba a saba da shi ba. A Agusta aka sanar da sallamar kusan kashi ɗaya cikin uku na ma'aikata. Emily Sheffield ta karɓi kujerar edita a Yuli, ta bar ta a Oktoba 2021, aka yi ta riƙon ƙwarya har Dylan Jones ya zo a 2023.

Shi ma mai jaridar ya shiga labari. A Yuli 2020 Firaminista Boris Johnson ya ba da sunan Evgeny Lebedev don zama ɗan Majalisar Dattawa, wadda naɗi ake yi ba zaɓe ba. Bayan Rasha ta afka wa Yukiren a 2022 aka yi ta muhawara kan naɗin. Evgeny ya yi kira ga shugaban Rasha Putin a shafin farko na jaridar da ya tsayar da yaƙi, ya kuma rubuta cewa shi ba barazana ba ne ga tsaron ƙasa. A shekarar Kanada ta sa wa mahaifinsa takunkumi.

Da aka ɗage kulle, mutane ba su dawo yadda suke ba. Ma'aikatan ofis da yawa sun koma aiki daga gida, musamman Litinin da Juma'a. Waɗanda suka dawo kuma sun tarar ana ta ja wa ramukan jirgin sabis na waya, layi bayan layi. Rabin sa'ar nan ta zaman shiru ta koma hannun waya.

Bugu na ƙarshe, 2024

Ranar 29 ga Mayu 2024 shugaban kamfanin, Paul Kanareck, ya shaida wa ma'aikata cewa za a daina bugun kullum. Dalilan da ya kawo su ne aiki daga gida da samun intanet a cikin jirgi. Alƙaluman da suka fito a lokacin sun nuna bugu ya sauko daga wajen 850,000 zuwa 275,000 cikin shekara biyar, asarar shekara shida kuma ta kai fam miliyan 84.5, wadda rancen masu hannun jari, musamman Lebedev, ke rufewa. Aka sanar da soke guraben aiki wajen 150. A Agusta aka fara da janye bugun Litinin da Juma'a. Ranar 19 ga Satumba ta kullum ta fito na ƙarshe.

Mako guda bayan haka, Alhamis 26 ga Satumba, aka fito da The London Standard, ta mako-mako, kyauta, kwafi wajen 150,000. A fitowarta ta farko an sa sharhin wani baje kolin zane da ƙirƙirarriyar basira ta rubuta da salon Brian Sewell, shahararren mai sharhin jaridar da ya rasu a 2015. Shafinta na intanet ya ci gaba da aiki.

Abin da ya yi aiki, abin da bai yi ba, da dalili

Magungunan da aka gwada kafin Oktoba 2009 duk ciwo ɗaya ya kashe su: ana son a riƙe rabin fam alhali a ƙofar tasha guda ana raba makamanciyar hajar kyauta. Standard Lite, katin rangwame, ƙarin farashi, ban haƙuri, duk ƙoƙari ne na shawo kan mutum ya biya abin da ya riga ya saba samu a banza. London Lite ta fi sauran ɓarna, domin kamfanin da kansa ya kashe kuɗi wajen raunana jaridarsa.

Komawa kyauta shawara ce mai kyau, kuma ina ganin ba a yi mata adalci idan aka ce ita ta kashe jaridar. Ba don ita ba da wuya Standard ta ga 2012. Ta ƙara mata shekara 15, ta riƙe ɗaruruwan mutane a bakin aiki, ta sa talaka da mai kuɗi a jirgi ɗaya suna karanta labari ɗaya game da garinsu. Sai dai nasarar a kan duwatsu uku ta zauna, kuma ba jaridar ce ta kafa ko ɗaya ba: abokan gasa sun janye, mutane na shiga jirgi kwana biyar a mako, waya ba ta aiki a ƙarƙashin ƙasa. Na farkon ya tsaya. Sauran biyun sun zame, ɗaya a hankali, ɗaya dare ɗaya.

Inda nake ganin an yi sakaci shi ne tsakanin 2012 da 2016. A lokacin akwai riba, akwai suna, akwai fiye da mutum miliyan ɗaya da ke buɗe ta kullum, amma jaridar ba ta san sunan ko ɗaya daga cikinsu ba, ba ta da wata igiya da ta ɗaure su da ita in ban da hannun mai rabawa. Kuɗi da hankalin da suka tafi tashar talabijin, da an zuba su wajen gina masu biyan kuɗin wata a kan labarin Landan zalla, wato sufuri, gidaje, 'yan sanda da ƙananan hukumomi 32, da an shiga 2020 da wani abin dogaro. A maimakon haka shafinta na intanet ya shiga tseren labaran duniya da na taurari, inda manya suka riga suka cika fili. Metro, wadda ta ci gaba da fitowa kyauta kowace safiya bayan Standard ta tsaya, ɗakin labaranta ƙarami ne, ana raba ta a birane da yawa, kuma tana jingine da babban kamfani. Standard ta ɗauki kashe kuɗin babbar jarida a kan kuɗin shigar ƙarama.

Maganar mallaka ita ta fi damuna. Daga 2017 zuwa ƙarshe, ba mai karatu ke riƙe da jaridar ba, ba mai talla ba, aljihun mutum ɗaya ne da na abokin jarin da aka sha wahala kafin a san sunansa. Babu wanda ya kawo hujjar cewa Mosko ko Riyad sun taɓa rubuta mata kanun labari, kuma 'yan jarida na ƙwarai sun yi aiki na ƙwarai a cikinta har ranar ƙarshe. Amma mai karatun da aka miƙa wa ita a ƙofar tasha yana da haƙƙin sanin wanda ya biya masa, kuma naɗa ɗan siyasa mai ci a kujerar edita ya rage mata abin da ba a sayensa da talla. Da mai aljihun ya gaji, babu wani da za a juya gare shi.

A watan da ta daina fitowa kullum, Jim Waterson, tsohon editan harkokin yaɗa labarai na jaridar Guardian, ya buɗe London Centric, ƙaramar kafar labaran Landan da ake aika wa mutane ta imel, wadda masu karatu ke biyan kuɗinta duk wata. Kafin shekarar ta ƙare kamfanin Mill Media na Manchester ya buɗe irinta mai suna The Londoner. Ma'aikatan kowace ba su wuce a ƙirga da yatsu ba, a birnin da mutanensa suka kusa miliyan 9.